Kafin Ka Biya Kuɗin Wata: Yadda Ake Buga Wasannin Game Pass a Kwamfutar Hannu

Tun da kamfanin Valve ya fito da Steam Deck a watan Fabrairun 2022, kasuwar kwamfutocin wasa na hannu take ta cika. ASUS ya kawo ROG Ally a 2023, Lenovo ya biyo baya da Legion Go a 2023 ɗin, MSI ya shigo da Claw a 2024. Kowacce daga cikinsu cikakkiyar kwamfuta ce da aka matse ta yadda hannu biyu za su riƙe. A gefe guda kuma ga tsarin biyan kuɗin wata-wata, wanda ya fi fice shi ne Game Pass na Microsoft da aka fara a 2017: ka biya, a buɗe maka tarin wasanni, ranar da ka daina biya a rufe. Haɗa waɗannan biyun abu ne da hankali ke karɓa nan take, shi ya sa sabbin shiga ke ta faɗawa rami ɗaya. Mutum ya sayi na'ura, ya biya kuɗin wata, sannan ya fara tambayar ta ina wasan zai hau. Wani ya tarar manhajar Xbox ba ta shiga na'urarsa sam, wani ya tarar ba a buɗe wa ƙasarsa sabis ɗin ba, wani kuma wasan ya hau amma sai ya danna maɓalli ya jira kafin ɗan wasan da ke allo ya motsa. Duk waɗannan abubuwa ne da ake iya sani kyauta tun kafin kobo ya fita daga aljihu.

Hanya biyu ce kawai wasa ke bi ya iso hannunka. Ko dai ka sauke shi cikin na'urarka ta gudanar da shi da ƙarfinta, ko kuma ya gudana a kan manyan kwamfutocin kamfani a wata ƙasa, a riƙa turo maka hotonsa ta intanet kana mayar da umarni. Abubuwa uku ne ke zaɓa maka hanyar da za ta yi maka aiki: babbar manhajar da ke tafiyar da na'urarka, ƙasar da kake zaune, da nisan da ke tsakaninka da waɗancan kwamfutoci. Saboda haka an jera matakan da ke ƙasa ta yadda bincike ke gaba, biyan kuɗi na baya. Wanda ya juya jerin shi ne ke asara.

Kayan da ake bukata

- Na'urar da cajarta ta asali: mai wat 45 ga Steam Deck, mai wat 65 ga ROG Ally.
- Asusun Microsoft naka na kanka, wanda ka kunna masa tabbatarwa mai mataki biyu.
- Wi-Fi mai aiki a zangon 5GHz, na rauta ne ko na wayar da ke raba intanet.
- Wurin ajiya wadatacce. Idan saukewa za ka riƙa yi, 512GB shi ne inda numfashi ke farawa. Katin memori mai alamar A2 da U3 yana ƙara wuri.
- Kibod da maus domin ranar saiti. Ana iya yi ba tare da su ba, amma rubuta umarni a kan allon inci bakwai yana jawo kurakurai.
- Hanyar biyan kuɗi da asusun naka zai karɓa.

Mataki na 1: Ka san babbar manhajar na'urarka

ROG Ally da Claw da Legion Go na farko suna zuwa da Windows 11. Steam Deck kuwa SteamOS ke tafiyar da ita, wadda Valve ya gina a kan Linux. Mutane da yawa na ɗaukar wannan bambanci ƙaramin abu, tunda suna ganin dubban wasannin Windows na gudana a Steam Deck lafiya lau. Gaskiya ne suna gudana, amma ta hannun wata manhaja mai suna Proton, wadda ke fassara umarnin Windows zuwa abin da Linux ke ganewa. Proton na aiki da wasan da fayilolinsa suke a buɗe, irin wanda ake saya a shagon wasanni na Steam. Wasannin Game Pass na kwamfuta kuwa ta manhajar Xbox da shagon Microsoft Store ake sauke su, kuma lasisinsu ya dogara ga wani sashe na Windows mai suna Gaming Services. Babu ko ɗaya daga cikin waɗannan da ke aiki a SteamOS. Ma'anar wannan ita ce, wasa ɗaya tak, misali Forza Horizon 5, idan a Steam ka saye shi zai gudana a Steam Deck, idan kuma ta Game Pass ka same shi ba zai sauka ba. Ƙarfin na'urar bai gaza ba, ƙofar da wasan ya biyo ce ta bambanta.

Akwai togaciya kaɗan. Wasu wasannin da ke cikin Game Pass ta wata manhajar daban ake karɓar su. Diablo IV, wanda ya shiga jerin a Maris 2024, ta Battle.net ake sauke shi bayan an haɗa asusun biyu, ita kuma Battle.net ana iya sa ta ta yi aiki a Steam Deck ta Proton. Amma waɗannan 'yan ƙalilan ne, bai kamata a gina sayen na'ura a kansu ba.

Abu na biyu da ya kamata mai SteamOS ya sani shi ne manhajojin hana maguɗi. Wasu kamfanoni na dasa su can cikin zuciyar Windows, kuma ba su yarda wasansu ya tashi a Linux ba. Wasannin ƙwallon ƙafa na EA tun daga FIFA 23, da sabbin Call of Duty, da Fortnite, duk ba sa tashi a SteamOS, Apex Legends ma ya rufe wa Linux ƙofa a ƙarshen 2024. Wanda burinsa ƙwallon EA ne, ya san wannan tun kafin ya zaɓi na'ura, domin babu wani saiti da zai gyara shi.

Mataki na 2: Ka duba ƙasarka, sannan ka duba matakin rajistar

Microsoft na da jeri biyu daban: ƙasashen da ake sayar da Game Pass, da ƙasashen da aka buɗe wa wasa daga nesa, wato Xbox Cloud Gaming. Na biyun ya fi gajarta nesa ba kusa ba. A 2023 kamfanin ya faɗaɗa PC Game Pass zuwa sabbin ƙasashe 40, cikinsu har da Masar da Maroko da Aljeriya da Tunisiya da Libiya, amma Najeriya da Nijar da Gana ba su cikin waɗannan arba'in ɗin. Shi kuwa wasa daga nesa, ya fara ne a Satumbar 2020, ya bazu a Amurka da Turai, daga baya ya kai Brazil da Mexico da Japan da Ostireliya, Afirka kuwa aka bar ta a baya. Jerin kan sauya, don haka ka buɗe shafin Xbox da ke lissafa ƙasashe ka nemi taka da idonka. Bahaushen da ke karatu a Ingila ko yake aiki a Jamus yana cikin wani hali, wanda ke Kano ko Maraɗi ko Kumasi yana cikin wani halin daban, ko da na'urarsu iri ɗaya ce.

Za a ce ai wannan ba matsala ba ce, mutum ya sa wata ƙasa a asusunsa, ya kunna VPN, ya sayi lambar rajista a hannun masu sayarwa. Ana yin haka, amma a auna abin da ake ɗauka. Lambobin rajista a ɗaure suke da yankin da aka sayar da su, ta wani yankin na iya ƙin shiga asusunka, kuma wanda ya sayar maka ba lallai ya dawo da kuɗi ba. Sharuɗɗan Microsoft sun bukaci bayanin da ke asusu ya zama na gaskiya, saboda haka ranar da wata matsala ta taso ba ka da bakin kai ƙara. VPN kuma ba ya rage nisa, ƙara wa saƙonka zango yake yi, wanda ke nufin ƙarin jinkiri a wasa daga nesa. Mafi muni shi ne sayen asusun haɗaka, inda wani zai ba ka adireshin imel da kalmar sirri a farashi mai rahusa. Asusun nasa ne, duk ci gaban da ka yi a wasa a can yake, kuma ranar da ya canza kalmar sirri komai ya tafi. Wanda ya ga dole sai ya bi irin waɗannan hanyoyi kafin ya samu sabis, ya tsaya ya tambayi kansa ko sayen wasanni ɗai-ɗai a Steam bai fi masa kwanciyar hankali ba.

Idan ƙasarka na ciki, sai zaɓen mataki. Bisa tsarin da aka sanar a Oktoban 2025, akwai Essential da Premium da Ultimate, ga kuma PC Game Pass a gefe. A lokacin an ɗaga kuɗin Ultimate a Amurka daga dala 19.99 zuwa 29.99 a wata, PC Game Pass kuma daga 11.99 zuwa 16.49. Kuskuren da ya fi yawa a nan shi ne mai Steam Deck ya ga sunan PC Game Pass ya ce ai tawa ma kwamfuta ce. A wancan tsarin PC Game Pass na saukewa ne kawai, babu wasa daga nesa a cikinsa, ga shi SteamOS ba ta iya saukewa. Ya biya ke nan a banza. Mai na'urar Windows kuwa, sau da yawa PC Game Pass ya ishe shi, ba sai ya hau Ultimate ba. Farashi da sharuɗɗa kan canza, ka karanta abin da kowane mataki ya ƙunsa a ranar da za ka biya.

Mataki na 3: Ka auna intanet ɗinka da ma'aunin da ya dace

Microsoft na ba da shawarar gudun 10Mbps ga waya, 20Mbps ga kwamfuta, a kan Wi-Fi mai 5GHz. Sabon shiga kan gwada layinsa ya ga 40 ko 50, ya ce shi ke nan. Sai dai gudu rabin labari ne. Ɗaya rabin shi ne jinkiri, wato lokacin da saƙo ke ɗauka ya je ya dawo, wanda manhajojin gwaji ke nunawa da sunan ping, ana kuma auna shi da milisakan. A wasan da ke nuna hotuna 60 a daƙiƙa, kowane hoto kusan milisakan 17 yake ɗauka. Haske a cikin wayar intanet ta gilashi yana tafiyar kimanin kilomita 200 a milisakan ɗaya, kuma babu kuɗin da zai sa ya wuce haka. Wayar MainOne da ke ƙarƙashin teku, wadda ta haɗa Legas da Fotugal tun 2010, tsawonta kimanin kilomita 7,000 ne. Zuwa da dawowa kilomita 14,000 ke nan, wato milisakan 70, hotuna huɗu cur, tun kafin a ƙara tafiya daga Kano zuwa Legas, da daga Fotugal zuwa inda kwamfutocin suke, da lokacin naɗe hoto da warware shi, da na Wi-Fi ɗin ɗakinka. Wasan dabara da ake yi bi da bi zai jure wannan. Wasan tsere ko ƙwallo ko harbi ba zai jure ba, domin kafin umarninka ya isa abin da kake gudu ya riga ya faru.

Sai kuma data. Idan hoton na kwarara a 10Mbps, a awa ɗaya an sha kimanin 4.5GB, idan a 20Mbps ne ya zama 9GB. Awa biyu kullum a ƙaramin ma'aunin ya kai 270GB a wata. Mai layin da ba shi da iyaka ba zai ji ba, amma wanda ke sayen data a waya ya yi wannan lissafin da farashin da yake saye, ya ɗora a kan kuɗin rajistar, sannan ya ga ainihin abin da zai riƙa biya.

Masu son wasa daga nesa suna da hujja, kuma hujjar tana da ƙarfi: babu jiran saukewa, babu cinye wurin ajiya, batir na daɗewa sosai tunda aikin na'urar bai wuce nuna bidiyo ba, wasannin da suka fi ƙarfin na'urar hannu ma suna gudana. Duk wannan haka yake ga wanda ke kusa da kwamfutocin kamfanin kuma yake da layi mai ɗorewa. Ga wanda ke nesa, waɗannan fa'idodi ba sa biyan bashin jinkiri. Hanya mafi sauƙi ta sanin ɓangaren da kake ita ce gwaji na kyauta. Tun Mayun 2022 ake iya buga Fortnite ta Xbox Cloud Gaming da asusun Microsoft kawai, ba tare da rajistar wata ba. Ka buɗe xbox.com/play a burauza, ka gwada da safe, ka sake gwadawa da dare lokacin da layi ke cunkushewa. Idan shafin ya ce babu sabis a yankinka, ka samu amsarka ba ka biya komai ba.

Mataki na 4: Saitin wasa daga nesa a Steam Deck

Idan gwajin ya yi kyau, ga tsarin da Microsoft da kansa ya fitar a 2022. Ka danna maɓallin Steam, ka shiga Power, ka zaɓi Switch to Desktop. Ka buɗe shagon manhajoji mai suna Discover, ka nemi Microsoft Edge ka sauke. Daga jerin manhajoji ka danna shi da dannawar dama, ka zaɓi Add to Steam. Sannan ka buɗe manhajar rubuta umarni mai suna Konsole ka rubuta wannan layin daidai:

flatpak --user override --filesystem=/run/udev:ro com.microsoft.Edge

Wannan layin ne aka fi tsallakewa, kuma shi ne dalilin da ya sa mutane ke cewa wasa ya buɗe amma maɓallai sun ƙi aiki. Manhajojin da ake saukewa daga Discover a killace suke, ba sa ganin kayan na'urar sai an ba su izini, shi kuma wannan umarni izini yake ba Edge ya ga maɓallan wasa. Idan ka danna Enter bai ce komai ba, ya karɓa ke nan. Harafi ɗaya idan ya kuskure ba zai yi aiki ba, nan ne amfanin kibod.

Bayan haka ka buɗe Steam, ka nemi Edge a cikin wasanninka, ka shiga Properties. A gurbin Launch Options akwai rubutu tun asali, kada ka goge shi. Ka je ƙarshensa, ka bar tazara ɗaya, ka ƙara wannan:

--window-size=1024,640 --force-device-scale-factor=1.25 --device-scale-factor=1.25 --kiosk "https://www.xbox.com/play"

Alƙaluman ba na ado ba ne. Idan aka ninka 1024 da 640 sau 1.25 ana samun 1280 da 800, wato daidai girman allon Steam Deck, kalmar kiosk kuma na sa burauzar ta cika allo ta nufi shafin wasa kai tsaye. Daga ƙarshe, a saitin maɓallai ka zaɓi Gamepad with Mouse Trackpad, domin maɓallai su yi aikin wasa, faifan taɓawa kuma ya yi aikin maus lokacin shiga asusu. Ka koma Gaming Mode ka buɗe daga can.

Mataki na 5: Saukewa a na'urar Windows

A nan abin ya fi sauƙi, amma kurakuransa sun fi tsada. Ranar farko ka bar Windows da Microsoft Store da manhajar kamfanin na'urar, irin su Armoury Crate a ROG Ally, su gama sabunta kansu kafin ka sauke wasa ko ɗaya. Wasu saƙonnin kuskure da ke fitowa yayin saukewa daga tsohuwar Gaming Services suke. Sannan ka shiga manhajar Xbox da asusun da ya yi rajistar, ka tabbata shi ne kuma ke cikin Microsoft Store.

Ka duba girman wasa kafin ka danna. Forza Horizon 5 ya haura 100GB, Starfield na neman 125GB kuma yana bukatar ma'ajiyar SSD, alhali Hollow Knight: Silksong, wanda ya shiga Game Pass ranar fitowarsa a Satumbar 2025, bai kai 10GB ba. Manyan su zauna a ma'ajiyar ciki, ƙananan su tafi katin memori. Katin kan zo da tsarin exFAT, manhajar Xbox kuwa NTFS take nema, don haka sai an sake tsara shi, kuma yin hakan na goge duk abin da ke ciki. Katunan jabu sun cika kasuwa, ana rubuta 512GB a jikin wanda bai kai rubu'in haka ba. Manhajar H2testw tana cika kati da bayanai ta sake karantawa ta faɗi ainihin girmansa, ka yi wannan gwajin tun kana iya mayar wa mai shago. Mai ROG Ally ta farko ya ƙara kula, domin ASUS ya amince a 2023 cewa zafi na iya lalata aikin gurbin katin a wannan samfurin.

Idan da wayarka kake raba intanet, ka shiga saitin Wi-Fi na Windows ka kunna Metered connection ga wannan layin. Idan ba ka yi ba, Windows na ɗaukarsa layi ne marar iyaka, sai ta kwashi sabuntawa ta cinye data cikin dare ɗaya.

Abu mafi muhimmanci ga wanda intanet ɗinsa ke zuwa yana ɗaukewa shi ne izinin wasa ba layi. A saitin Microsoft Store akwai Offline permissions, ka kunna shi kana kan intanet, sannan ka buɗe kowane wasa sau ɗaya har ka wuce shiga asusu. Wanda ya sauke wasa bai taɓa buɗe shi ba, ya shiga mota ya kama hanya, zai tarar wasan ya ƙi tashi. Lasisin Game Pass na bukatar na'ura ta leƙa intanet aƙalla sau ɗaya a kwana 30, kuma sau uku kawai a shekara ake yarda a canza na'urar da aka ba wannan izini, don haka kada a riƙa kunna shi a kowace kwamfuta. Wasannin da ake yi da jama'a ta intanet ba su shiga wannan ba. Da ka dawo kan layi, ka buɗe wasan a na'urar hannun tukuna domin ajiyar ci gaban wasanka ta hau intanet, kafin ka taɓa shi a wata na'urar. Idan aka tambaye ka wace ajiya za a riƙe, ka duba kwanan wata da sa'a da kyau, wadda ka bari tana iya tafiya ke nan.

Mataki na 6: Idan Steam Deck ce a hannunka kuma nesa ta hana

Nan ake cewa a sa mata Windows kawai. Yana yiwuwa, Valve ya fitar da direbobin Windows tun Maris 2022, amma ya faɗa a fili cewa ba ya ba da tallafi ga wanda ya bi wannan hanya. Abin da ake rasawa shi ne abin da ya sa na'urar ta yi daɗi tun farko: dakatar da wasa da maɓalli ɗaya a dawo a ci gaba, da saitin wuta da na hotuna da ke kusa da yatsa. Sa Windows a katin memori, wanda mutane ke yi don gudun taɓa ma'ajiyar ciki, yana sa komai ya yi nauyi kuma yana gajiyar da katin da wuri, saboda Windows ba ta daina rubuce-rubuce. Raba ma'ajiyar ciki gida biyu ya fi, amma kuskure ɗaya wajen rabon na share komai, kuma tunda Valve ba ya sayar da Steam Deck kai tsaye a Najeriya ko Nijar, gyara yana wuyan mai ita. Wanda Game Pass ne babban dalilinsa kuma bai riga ya saya ba, ya sayi mai Windows tun farko.

Wanda ya riga ya saya yana da hanyoyi biyu masu sauƙin haɗari. EA Play, wato tsarin wata-wata na kamfanin EA, ana sayar da shi a cikin Steam tun 2020, wasanninsa kuma saukewa ake yi, in ban da waɗanda manhajar hana maguɗi ta toshe. Sannan mai kwamfutar Windows a gida na iya sauke wasannin Game Pass a kanta, ya sa mata manhajar Sunshine, ya sa manhajar Moonlight a Steam Deck, ya riƙa jawo hoton ta Wi-Fi ɗin gida. Shi ma wasa daga nesa ne, amma nisan bai wuce daga ɗaki zuwa falo ba, hoton kuma ba ya cin data tunda bai fita gidan ba.

Mataki na 7: Batir da zafi

Batirin Steam Deck ta farko da na ROG Ally ta farko duk 40Wh ne. Idan na'urar gaba ɗayanta na jan wat 25, awa ɗaya da rabi da 'yan mintoci za ta yi, idan wat 10 take ja za ta kai awa huɗu. Saboda haka rage wuta ya fi kowace dabara. Ka tsayar da hotuna a 30 ko 40 a daƙiƙa, ka sauko da girman hoto zuwa 720p, wanda a allon inci bakwai ido ba ya ganin bambanci sosai, ka bar yanayin Turbo na ROG Ally mai wat 25 sai kana jikin caja. Ƙaramar cajar waya ba ta riƙe waɗannan na'urori ana wasa. Batirin tafi-da-gidanka da za ka saya ya zama mai USB-C PD da ke ba da wat 45 ko 65, gwargwadon na'urarka.

Valve ya ce Steam Deck ta fi aiki daidai idan zafin wuri na tsakanin digiri 0 da 35. A Sakkwato da Maiduguri da Yamai, zafin watan Afrilu kan haura 40. A irin wannan lokaci na'urar za ta rage gudu da kanta don kare kanta, wannan ba lalacewa ba ce, amma alama ce ta a sassauta mata. Kada a ɗora ta kan katifa ko matashi ana wasa, domin ta baya take shaƙar iska, kuma lokacin hunturu a riƙa share ƙurar da ke taruwa a ramukan iskar. Na'urorin Windows suna da wata matsala tasu: idan an sa su barci sukan farka a cikin jaka, su yi zafi, batir ya ƙare. Ka saita maɓallin wuta ya riƙa yin Hibernate, ko ka kashe gaba ɗaya kafin ka rufe jakar.

Mataki na 8: Yanzu ka biya, wata ɗaya tak

Game Pass haya ce, kuma wasannin da ke ciki suna shiga suna fita, galibi a tsakiyar wata da ƙarshensa. Red Dead Redemption 2 ya shiga jerin na'urar Xbox a Mayun 2020, ya fita a Satumbar 2020. Manhajar Xbox na da sashen Leaving soon, ka duba shi kafin ka kashe 80GB na data a kan wasan da saura kwana goma a cire shi. Idan wasa ya fita kuma ka saye shi a Steam, sau da yawa ajiyar da ka yi a sigar Microsoft ba ta bin ka, sai dai ka faro daga farko.

Lissafin kuɗin ma a yi shi da alƙalami. A farashin Oktoban 2025, PC Game Pass na shekara guda ya kusa dala 198, Ultimate kuma ya kusa 360, alhali Steam Deck mafi araha dala 399 aka sayar da ita da ta fito. Silksong dala 19.99 ne a saye shi ɗungurungum, wanda ya yi wata biyu yana buga shi kaɗai ta PC Game Pass ya biya kusan 33 kuma bai mallake shi ba. Tsarin na da riba ga mai gwada wasanni da yawa, mai gama ɗaya ya kama wani. Wanda wasa ɗaya ko biyu yake bugawa shekara da shekaru, saye ya fi masa.

Da zarar ka biya, ka shiga account.microsoft.com, sashen Services and subscriptions, ka kashe Recurring billing. Watan da ka biya zai ci gaba har ƙarshensa, abin da ka hana shi ne a cire maka kuɗin wata mai zuwa ba da saninka ba. A cikin wannan watan ka rubuta wasannin da ka buga da gaske, da yawan datar da ta tafi wajen saukewa da sabuntawa, ka haɗa kuɗin biyun, sannan ka kwatanta da farashin waɗannan wasannin a Steam kafin ka sake kunna rajistar.